Idan Amsarka Ta Makara a Gidan Shari'a: Abin da Alƙali Ke Iya Yafewa da Abin da Ba Ya Iyawa

Mutane da yawa suna shiga gidan shari'a da tunani guda: ina da gaskiya, ina da shaida, saboda haka babu abin tsoro. Abin da ba su sani ba shi ne, kafin alƙali ya kai ga tambayar wa ke da gaskiya, akwai wata tambayar da ke gabanta, wato ko maganarka da takardunka sun iso cikin lokacin da aka yanka. A shari'un da ba na laifi ba, irin na bashi, ciniki, haya, kwangila, gado ko gona, ana iya kayar da mai gaskiya don kawai hujjarsa ta iso bayan an rufe ƙofa.

Ga misali, domin maganar ta zauna. Wani ɗan kasuwa a Maraɗi ya karɓi wake bashi na miliyan 3 na Sefa, ya biya miliyan 2, aka rubuta masa takardar shaidar biya. Bayan watanni, mai waken ya kai shi ƙara yana neman miliyan 3 cif. Aka ba lauyan ɗan kasuwar ranar da zai ajiye amsarsa a rubuce tare da takardun da yake dogaro da su. Shi kuwa ya tafi fatauci, takardar biyan tana kulle cikin akwatinsa, wayarsa ba ta shiga. Da ya dawo, ranar ta wuce. Shin alƙali zai karɓi takardar? Amsar ita ce mai yiwuwa ne, amma ba dole ba ne. Kuma ta danganta ga abubuwa biyu: wane irin wa'adi ne ya kuɓuce masa, sa'an nan a wane mataki shari'ar take lokacin da ya dawo.

Wa'adi iri biyu ne

Wannan shi ne abu na farko da ya kamata ka riƙe, ya mai karatu, domin daga nan ne yawancin kuskure ke farawa. Akwai wa'adin da alƙali ya yanka da kansa, kamar ya ce ka ajiye amsarka nan da mako 2. Akwai kuma wa'adin da doka ta yanka, kamar kwanakin da aka ba mutum ya ɗaukaka ƙara bayan an yanke hukunci. Na farkon, tun da alƙali ne ya ɗaura shi, yana da ikon sassauta shi in ya ga dalili. Na biyun ba nasa ba ne. Ko da ya tausaya maka, ko da ya ga alamar kai ne mai gaskiya, hannunsa a ɗaure yake, sai fa inda dokar da kanta ta bar wata ƴar ƙofa.

Tsarin shari'ar Nijar a wannan fanni daga Faransa aka gaje shi. An daɗe ana aiki da tsofaffin dokoki warwatsattsu na zamanin mulkin mallaka, har zuwa lokacin da aka kafa kundin tafiyar da shari'un da ba na laifi ba, ta dokar 23 ga Afrilu 2015. Tsarin gidajen shari'a kansu kuwa, ƙanana da manya da kotunan ɗaukaka ƙara kamar na Yamai da Damagaram da Tawa, dokar 1 ga Yuni 2018 ce ta sake fasalinsa. A harkar karɓar bashi da kama dukiya akwai wata dokar dabam da ke saman ta ƙasa, wato ta ƙungiyar OHADA, wadda ta haɗa ƙasashen Afirka 17 a kan dokokin kasuwanci guda. Za mu dawo gare ta, domin wa'adinta ya fi kowane kaifi.

Dalilin yanka lokaci

Kada ka ɗauki wa'adi a matsayin tarko da aka ɗana wa talaka. Tushensa ƙa'ida ce da kowane mai hankali zai yarda da ita: ba a yanke wa mutum hukunci a kan maganar da bai ji ba, ko takardar da bai gani ba. Duk abin da za ka gabatar wa alƙali, dole abokin shari'arka ya gan shi da wuri, ya samu sukunin nazarinsa, ya mayar da amsa. Kundin Faransa ya shimfiɗa wannan a ayoyinsa na 15 da 16, kuma aya ta 135 ta ba alƙali ikon ture duk takardar da ba a nuna wa ɗaya ɓangaren cikin lokaci ba. Kundin Nijar ma a kan wannan ƙa'ida ya ginu.

Juya al'amarin ka gani. A ce kai ne mai ƙara, ka shekara kana zirga-zirga, ka biya lauya, ka biya mota, ranar zama ta zo, sai abokin shari'arka ya zaro wata takarda daga aljihu wadda ba ka taɓa gani ba. In alƙali ya karɓa ya yi hukunci nan take, an zalunce ka. In ya ɗage zaman don ka amsa, an ƙara maka wata guda ko biyu. Akwai waɗanda suka mayar da wannan sana'a: mai bashi a wuyansa da ya san zai faɗi, babu abin da yake nema irin jinkiri. Alƙalai sun san su. Shi ya sa in ka zo a makare, ko da zuciya ɗaya ka zo, kallon farko da za a yi maka shi ne ko kana cikinsu.

Alƙalin da ke shirya dosiye

A babban gidan shari'a, in shari'a ba ta nuna ba a zaman farko, ana miƙa ta ga wani alƙali wanda aikinsa shi ne shirya dosiye kafin a yi hukunci. A kan takardu za ka ga sunansa da Faransanci, juge de la mise en état. Shi ne ke tsara wa ɓangarorin jadawali: wane ya ajiye maganarsa ranar kaza, wane ya amsa ranar kaza, a yi musayar takardu. In ya ga an gama, ko kuwa wani ɓangare ya yi shiru har lokacinsa ya wuce, sai ya rufe shiri, ya aika dosiyen gaban kotu domin zama. Takardar rufewar ita ce ordonnance de clôture. Ka riƙe wannan suna, domin ita ce iyakar da ta raba sauƙi da tsanani.

Kafin wa'adinka ya cika, neman ƙarin lokaci abu ne mai sauƙi. Lauyanka ya rubuta wa alƙalin cewa wanda yake karewa yana kan tafiya, ko takardar da ake jira daga banki ba ta fito ba, yana roƙon kwana kaza. Sau da yawa ana ba da ƙarin farko ba tare da gardama ba. Da ɗan kasuwar namu ya bar wa lauyansa labarin tafiyarsa tun kafin ya tashi, da nan maganar ta ƙare. Abin takaici, wannan mataki mafi arha shi ne aka fi tsallakewa, domin mutane suna jin nauyin su ce ba su shirya ba, suna fatan abin zai daidaita da kansa.

In wa'adin ya wuce amma ba a rufe shiri ba tukuna, to a nan ne ikon alƙali na zaɓi ya fi faɗi. Yana iya karɓar amsarka ya ba abokin shari'arka lokaci ya mayar da tasa. Yana iya ture ta. Abin da ya fi dubawa shi ne ko ɗaya ɓangaren yana da sauran lokacin amsawa. Amsar da ta makara da kwana 3 alhali saura mako 3 a rufe, ba ta cutar da kowa. Amsa mai shafi 30 da aka ajiye daren rufewa, ko da ta shiga kafin a buga hatimi, ana iya ture ta, domin an ajiye ta ne a lokacin da babu mai iya karanta ta.

Bayan rufewa kuwa, bakin alƙalami ya bushe. Ƙa'idar ita ce ba a ƙara karɓar wata magana a rubuce ko wata takarda. Hanya guda ta rage: a roƙi a janye rufewar, kuma ba a janye ta sai da babban dalili, abin da dokar ta kira cause grave. Doka ba ta jera waɗannan dalilai ɗaya bayan ɗaya ba. Ta bar wa alƙali ya auna. Amma ba ta bar masa ya yi yadda ransa ke so ba, domin in zai janye sai ya rubuta dalilinsa, kuma in ya buɗe maka ƙofa dole ya buɗe wa abokin shari'arka ita ma.

Abin da alƙali ke aunawa

Dalili shi ne na farko, kuma dalilin da ke da nauyi shi ne wanda ya fi ƙarfinka. Rashin lafiya mai kwantarwa, haɗarin mota, rasuwar lauya, tsare mutum a gidan kaso, hanya da ta yanke. A damanar 2024, lokacin da ambaliya ta yi ɓarna a jihohin Maraɗi da Damagaram, har ruwa ya datse manyan hanyoyin shiga Yamai a watan Agusta, wanda ya ce hanya ce ta tsare shi ba ya buƙatar dogon bayani, duniya ta shaida. Haka nan takardar da ba ta wanzu ba sai bayan rufewa, ko wadda abokin shari'a ya ɓoye sai daga baya ta bayyana. Mantuwa, yawan harkoki, biki, ko “ban ɗauka abin da gaske ba ne”, waɗannan ba su da nauyi. Tafiyar fatauci tana tsakiya: ba laifi ba ce, amma kai ka zaɓe ta, kuma ka san kana da shari'a.

Dalili kuma ba ya tsayawa da ƙafarsa sai da shaida. Nan ne mutanenmu suka fi faɗuwa, domin mun saba da cewa maganar dattijo ta isa. A gaban maigari ta isa. A cikin dosiye, abin da ba a rubuta ba kamar bai faru ba ne. In ciwo ne, kawo takardar likita mai kwanan wata da hatimi, wadda ta nuna ranar da aka kwantar da kai da ranar da aka sallame ka. In tafiya ce, tikitin mota ko tambarin iyaka. In rasuwa ce, takardar rasuwa. Ka lura kuma kwanakin su dace da jinkirin. Takardar da ta nuna ka kwanta kwana 5 ba ta bayyana shirun wata 2.

Daga nan sai a duba abin da ka yi da zarar uzurin ya kau. A ganina wannan ya fi tsawon jinkirin kansa muhimmanci, ko da yake ba kasafai ake gaya wa mutane ba. Wanda aka sallama daga asibiti ranar Litinin ya bayyana a ofishin lauyansa ranar Talata, ya nuna cewa da gaske ciwo ne ya hana shi. Wanda ya zauna gida mako 3 bayan ya warke, sai da ya ji an sa ranar hukunci sa'an nan ya taso, ya rushe uzurinsa da hannunsa.

Alƙali yana kuma duba nauyin abin da kake son shigarwa. Takardar biyan miliyan 2 tana iya juya hukunci gaba ɗaya, kuma babu alƙalin kirki da ke jin daɗin ya sa mutum biyan bashi sau biyu yana sane. Wannan yana taimakon ɗan kasuwarmu. Amma shafuka masu maimaita abin da aka riga aka faɗa ba su cancanci a tayar da shari'a dominsu ba. Saboda haka kada ka roƙi a buɗe ƙofa hannu rabbana. Haɗa roƙon da ita kanta amsar da takardun, a shirye, a kuma aika wa lauyan ɗaya ɓangaren kofi a rana guda, domin alƙali ya ga abin da zai rasa in ya ƙi, ya kuma ga ba wani sabon jinkiri kake nema ba.

Na ƙarshe shi ne halinka tun farkon shari'ar. Dosiye ba ya mantuwa. Kowane ɗagewa da aka yi saboda kai yana rubuce a jikinsa. Wanda bai taɓa makara ba, in ya makara sau ɗaya, ana duba shi da idon rahama. Wanda aka yi wa ƙari sau 3, uzurinsa na huɗu ko na gaskiya ne yana shan wuya.

In lauyanka ne ya yi sakaci

Wannan tambaya tana yawan zuwa, kuma amsarta ba ta da daɗi. A wannan tsari lauya wakilinka ne, abin da ya yi kai ka yi, abin da ya bari kai ka bari. Kundin Faransa ya faɗa ƙarara, a aya ta 803, cewa ɗaukar lauya bayan an rufe shiri ba shi kaɗai ba ne dalilin janye rufewa. Ma'ana, ba za ka yi barci har a rufe ba, sa'an nan ka ɗauko lauya ka ce a koma baya domin shi sabo ne. In kuwa lauyan da kake da shi ne ya bar lokaci ya wuce, hanyarka ita ce ka kai kukanka wurin shugaban ƙungiyar lauyoyi, kuma kana iya neman diyyar asarar da sakacinsa ya jawo maka. Wannan wata shari'ar ce dabam, mai cin nata lokacin.

Mafi yawan lauyoyin Nijar a Yamai suke zaune. Mutumin Damagaram da lauyansa ke nesa da shi da wajen kilomita 900 ba ya iya leƙa ofis kowane mako. Saboda haka ka nemi a ba ka kofin jadawalin da alƙali ya tsara, ka sa a fassara maka shi in ba ka karanta Faransanci, ka rubuta ranakun inda za ka riƙa ganinsu. Mako guda kafin kowace rana, ka buga waya ka tambaya ko an ajiye. Wannan ba raini ba ne ga lauya, kuma lauyan kirki ba ya ɗaukarsa haka.

Wa'adin da doka ta yanka

Yanzu mu koma ga iri na biyu, inda roƙo ba ya aiki. Bayan an yanke hukunci, doka ta ba wanda bai gamsu ba kwanaki ƙididdigaggu ya ɗaukaka ƙara. Yawansu ya bambanta bisa ga irin shari'ar da irin kotun, kuma wasu gajeru ne ƙwarai. A kotun kasuwanci ta Yamai, misali, kwana 8 ne ake ba mutum ya ɗaukaka ƙara a shari'un da ake iya ɗaukakawa. Ƙarar da za ta je kotun ƙoli ta OHADA da ke Abidjan kuwa wata 2 ne daga ranar da aka isar maka da hukuncin. Ka saurari ƙarshen hukunci da kyau, domin a nan ne aka saba sanar da ɓangarori yawan kwanakin da suke da su da inda za su ajiye takarda. In ba ka ji ba, ko ba ka fahimta ba, tambayi magatakardan kotu a ranar, kafin ka bar harabar. Hutun mashara'anta na shekara ba ya tsayar da wannan lissafi.

Mafi haɗari ga ƙananan ƴan kasuwa ita ce takardar umurnin biya, injonction de payer. Mai bin bashi yana zuwa wurin alƙali shi kaɗai da takardunsa, ba tare da an kira ka ba, a ba shi umurni cewa ka biya. Sa'an nan ma'aikacin isar da takardun shari'a, wanda ake ce wa wisiye, ya kawo maka. Daga ranar da ya kawo, agogo ya fara. A tsohuwar dokar OHADA ta 1998 kwana 15 ake da su domin ƙalubalantar umurnin. Sabuwar dokar da aka amince da ita a Kinshasa ranar 17 ga Oktoba 2023, wadda ta fara aiki a Fabrairu 2024, ta rage su zuwa kwana 10. Har yau akwai masu ba da shawara da tsohon lissafi, kuma kwana 5 ɗin da ke tsakani sun isa su cinye shago. Ƙalubalen ba da baki ake yinsa ba, kuma zuwa wurin mai bin bashi a ba shi haƙuri ba ya tsayar da kwanakin. Wisiye ne ke rubuta shi ya isar. In lokacin ya wuce babu ƙalubale, mai bin bashi yana sa a buga wa umurnin hatimin zartarwa, ya zama kamar hukuncin da aka yi kana nan, kuma ba a ɗaukaka shi.

Duk da haka dokar ta bar ƙofofi biyu, kuma ya kamata ka san su. Ta farko: in ba hannunka aka ba takardar ba, aka bar ta wurin maƙwabci ko wani yaro a shago, to kwanakin ba su ƙare maka ba sai an lissafa daga takarda ta farko da aka danƙa maka kai da kanka, ko daga ranar da aka fara kama dukiyarka. Ta biyu: dole takardar wisiye ta faɗi wa'adin ƙalubale, da kotun da za a kai shi, da yadda ake yinsa. In ta rasa waɗannan, ana iya neman a soke ta. Ka ga a nan ba tausayin alƙali ake nema ba. Ana nuna masa ne cewa agogon bai fara tafiya ba tun asali. Shi ya sa bai kamata ka yar da takardar da wisiye ya kawo ba, ko ka ƙi karɓarta don fushi. Ƙin karɓa ba ya hana kwanaki tafiya, yana hana ka sanin abin da ke ciki ne kawai.

Akwai kuma halin wanda aka yanke wa hukunci ba ya nan, bai kuma ji labari ba sai da lokacin ƙalubale ya wuce. Kundin Faransa, a aya ta 540, ya yarda alƙali ya ɗauke wa irin wannan mutum hukuncin makara, in ba laifinsa ba ne rashin sanin, ko kuwa babu yadda zai yi ya motsa. Sunan wannan hanya relevé de forclusion, kuma ita ma tana da nata gajeren wa'adi. Wanda ya tsinci kansa a wannan hali, kamar ɗan ci-rani da ya dawo daga Libiya ya tarar an yi shari'ar gidansa, ya kai takardun wurin lauya a ranar da ya gan su, ya tambaye shi wannan hanya da sunanta.

Ko a Faransa ba a gama daidaita wannan ma'auni ba. A 2009 an tsananta wa masu ɗaukaka ƙara, aka ce wanda bai ajiye hujjojinsa cikin wata 3 ba ƙararsa ta mutu. Da aka ga mutane suna faɗuwa a kan abin da ya fi ƙarfinsu, sai a 2017 aka ba alƙali ikon ɗauke wannan hukunci in uzurin na dole ne.

Shari'un gona, aure da gado

Yawancin mutanen karkara ba su gamuwa da alƙalin shirya dosiye. Rikicin gona, tun dokar karkara ta 2 ga Maris 1993, yana fara bi ta hannun sarakunan gargajiya domin sulhu, in ya gagara sa'an nan ya je gidan shari'a, inda alƙali ke zama da mataimaka masana al'ada. A nan da baki ake magana, ba dole sai da lauya ba. Makara tana zuwa ne da wata siffa: rashin halartar zama, ko shaidar da bai zo ba, ko takardar kwamitin filaye da aka manta a gida. Alƙali yana da ikon ɗage zama, kuma yakan ɗage in an gaya masa dalili. In ba za ka iya zuwa ba, aika wani da takarda ya sanar kafin a kira shari'ar. Wanda ya yi shiru, ana iya yin hukunci ba ya nan. Kuma da zarar hukunci ya fito, wa'adin ɗaukaka ƙara na doka ne. Komawa wurin sarki a sake zama, ko jiran a gama girbi, ba ya tsayar da shi.

In shari'arka tana Najeriya

Fataken Maraɗi da Damagaram da Birnin Ƙonni suna da harka kullum da Katsina, Kano da Sakkwato, wani lokaci har ta kai su kotu a can. Tsarin manyan kotunan Najeriya daga Ingila aka gaje shi, kuma ya fi sassauci a wannan fanni. Lauya yana shigar da roƙon ƙarin lokaci, tare da takardar rantsuwa mai bayyana dalilin jinkiri, a kuma biya tarar kwanakin da aka makara. Kotunan can sun sha faɗin cewa bai dace a hukunta mutum saboda kuskuren lauyansa ba. Har wa'adin ɗaukaka ƙara, wanda yake wata 3 ga hukuncin ƙarshe na babbar kotu, kotun ɗaukaka ƙara tana iya tsawaita shi in an kawo ƙwararan dalilai kuma ƙarar tana da abin dubawa. Amma a can ma ba haƙƙi ba ne: Kotun Ƙolin Najeriya, a shari'ar Williams da Hope Rising ta 1982, ta nuna cewa sai mai roƙo ya kawo abin da kotu za ta dogara da shi. Haɗarin shi ne mutum ya ji labarin abokinsa da aka yi wa ƙari a Kano, ya zaci haka za a yi masa a Maraɗi.

In alƙali ya ƙi

Mu koma ga ɗan kasuwarmu. A ce ya dawo bayan rufewa, lauyansa ya roƙa, alƙali ya ce tafiyar fatauci ba babban dalili ba ne. Za a yi hukunci da abin da ke cikin dosiye, kuma mai yiwuwa a ce ya biya miliyan 3. Ƙin janye rufewa ba abu ne da ake kai ƙararsa shi kaɗai ba. Abin da ya rage masa shi ne ɗaukaka ƙara a kan hukuncin kansa, kuma a nan akwai sauƙi guda: kotun ɗaukaka ƙara tana sake duba shari'ar, kuma ana iya gabatar mata da sababbin takardu da sababbin hujjoji domin kare abin da aka nema tun farko. Takardar biyansa tana iya shiga a can.

Sai dai sauƙin yana da iyaka. Akwai shari'un da doka ta hana ɗaukakawa saboda kuɗin da ake jayayya a kai bai kai wani adadi ba, kuma kotun da ke samansu ba ta sake auna shaida, kuskuren doka kawai take dubawa. Akwai kuma hukuncin da ake zartarwa nan take ko da an ɗaukaka ƙara, har wisiye ya kama kaya ko ya rufe asusun banki kafin a kai ga zama na biyu. Ga kuɗin lauya, ga na mota, ga watanni.

Wanda ba shi da halin ɗaukar lauya, akwai hukumar ƙasa mai ba da agajin shari'a, ANAJJ, wadda dokar 14 ga Disamba 2011 ta kafa, tana kuma da ofisoshi a manyan gidajen shari'a. Bayani da shawara kyauta ne ga kowa, kuma ana iya naɗa wa marar ƙarfi mai kare shi. In za ka je, tafi da dukan takardun da aka kawo maka, har da ambulan, ka kuma faɗi ranar da kowace ta shigo hannunka da sunan wanda ya karɓa, domin daga wannan ranar za su fara lissafi.